Belemnayit: Tambayoyi da Amsoshi Kan Dutsen Nan Mai Kama da Harsashi

Tambayoyin da ke ƙasa su ne waɗanda suka fi yawan fitowa daga bakin mutanenmu mazauna Legas: ɗaliban ilimin duwatsu da ke karatu a Akoka, 'yan kasuwar duwatsun ado da ke karɓar kaya daga waje, da masu haƙar rijiyar burtsatse waɗanda kan ga baƙon abu a cikin laka su so sanin ko mene ne. An faro da masu sauƙi, an gangara zuwa masu zurfi.

Belemnayit ɗin nan, dutse ne ko dabba?

Dabba ce da ta mutu ta bar ƙashinta, ƙashin ya daɗe a binne har ake lissafa shi cikin duwatsu. Abin da ake tsinta dogo ne, mulmulalle, da tsini a gefe ɗaya, ɗaya gefen kuma da rami mai siffar mazurari. Yawancinsu ba su wuce tsawon yatsa ba, launinsu ruwan ƙasa ko ruwan zuma ko toka-toka. Duk wanda ya fara ganinsa zai ce harsashin bindiga ne, saboda haka nan gaba "harsashi" za mu riƙa kiran wannan sashe.

A teku dabbar ta rayu, ba a kogi ko tafki ba. Tana cikin rukunin da masana ke kira sefalofod, wato halittun teku masu hannuwa kewaye da baki, kuma ta ƙare ƙarƙaf shekara miliyan 66 da suka wuce.

Cikin halittun da ke raye yau, wacce ta fi kama da ita?

Kalamari, wanda ake sayarwa a kasuwannin kifi da manyan kantunan Legas. Jiki dogo mai santsi, manyan idanu, hannuwa kewaye da baki, da jakar tawada da ake fesa wa maƙiyi. Tafiyarsu ma iri ɗaya ce: a zuƙi ruwa a cikin jiki, a feso shi da ƙarfi ta wani bututu, sai jiki ya yi baya da gudu. Ko da yake a layin kifi ake ajiye kalamari, a wajen masana ya fi kusa da dodon koɗi a kan tarwaɗa.

Inda suka rabu shi ne hannu da ƙashi. Kalamari yana da hannuwa takwas da wasu dogaye biyu, dukansu da abin tsotsa a jikinsu. Belemnayit hannuwanta goma ne kusan tsawo ɗaya, kowanne da ƙananan ƙugiyoyi jere biyu-biyu. Sannan ƙashin kalamari siriri ne, ana ganin haske ta cikinsa, nata kuwa mai nauyi ne. Akwai wani farin abu marar nauyi da teku kan watso a gaɓa daga Lekki har Badagry, wanda masu kiwon tsuntsaye ke saka wa aku da kanari a keji. Wannan ƙashin wani ɗan uwan kalamari ne, kuma shi ma ɗakuna ne a cikinsa, irin aikin da za a bayyana a amsa ta gaba.

Wane sashe na jikinta ne ya zama harsashin?

Ƙashin belemnayit a cikin nama yake, kuma kashi uku ne. Na farko shi ne harsashin, wanda littattafai ke kira rostrom, yana can ƙarshen wutsiya. Na biyu mazurari ne mai ɗakuna a jere, firagmokon, wanda tsininsa ke zaune a cikin ramin harsashin. Wani siririn bututu ya ratsa ɗakunan, da shi dabbar ke janye ruwa daga ciki iska ta maye gurbinsa, ta haka take rage nauyinta a ruwa. Na uku wani falle ne mai siffar harshe da ya miƙe ta gadon baya yana tallafe nama.

To me ya sa dabbar da ke neman sauƙin jiki za ta ɗauki dutse a wutsiya? Mai tuƙa kwale-kwale a Makoko ya san amsar: in kaya suka taru a gefe guda, ɗayan gefen ɗagawa yake yi, sai an daidaita. Kai da hannuwa suna gaba da nauyinsu, ɗakunan iska suna baya suna ɗagawa, don haka harsashin ne ke danne wutsiya jiki ya kwanta a miƙe. Wannan shi ne bayanin da ya fi karɓuwa.

Dalilin da ya sa harsashin kaɗai aka fi samu kuwa sinadari ne. Shi da kalsayit aka gina shi, wato sinadarin dutsen siminti, mai juriya. Mazurarin da aragonayit aka yi shi, ɗan uwan kalsayit da bai kai shi juriya ba, ga shi siriri, yana saurin narkewa ko murƙushewa. Fallen bayan ya fi su duka rauni.

Yaushe suka rayu, kuma ta yaya ake sanin waɗannan miliyoyin shekaru?

Sun bayyana a ƙarshen zamanin Tirayasik, sama da shekara miliyan 200 da suka wuce. Sun cika tekuna a zamanin Jurasik, daga shekara miliyan 201 zuwa 145, da zamanin Kiretashiyos, daga miliyan 145 zuwa 66. Wato zamani ɗaya suka yi da dainoso, su a tudu, belemnayit a ruwa.

Ba a jikin harsashin ake karanta shekarun ba. Ana neman shimfiɗar tokar aman wuta da ke sama ko ƙasa da inda aka same shi. A cikin tokar akwai ƙwayoyin zirkon masu ɗauke da yuraniyom, shi kuma yuraniyom yana rikiɗa ya koma dalma a kan ƙa'ida sananniya da ba ta sauyawa. In aka auna nawa ya rage, nawa ya rikiɗa, lissafi ya fito. Gwajin kabon 14 da ake yawan ji a labarai ba ya aiki a nan, domin iyakarsa wajen shekara 50,000.

Nama ai ruɓewa yake. Wa ya ga hannuwa goma da tawada?

Akwai 'yan wurare a duniya da ƙasan tekunsu ba shi da iskar shaƙa a wancan zamani, ba tsutsa ba ƙaguwa, gawa ta faɗa cikin lallausan laka ta rufu. Mafi shahara shi ne Holzmaden a kudancin Jamus, inda baƙin dutse mai falle-falle na kimanin shekara miliyan 180 ya adana belemnayit irin *Passaloteuthis* da ƙugiyoyinta a jere yadda hannuwan suke. A Christian Malford na Ingila an haƙo *Belemnotheutis* da tsokar jiki da jakar tawada. A Solnhofen, nan ma Jamus, an ga alamar fukafukan iyo a gefen wutsiyar *Acanthoteuthis*.

Labarin tawadar yana da daɗin ji. A 1826 Mary Anning, 'yar wani kafinta a garin Lyme Regis na Ingila wadda ta rayu da sayar da burbushin halittu, ta sami busasshiyar tawada a cikin wani da ta tsinta. Ƙawarta Elizabeth Philpot ta jiƙa tawadar ta yi zane da ita. Tawada ta kusan shekara miliyan 200, ta kuma kama takarda.

Me suke ci, me ke cinsu?

Ƙugiyoyin sun nuna mafarauta ne: ƙananan kifaye da dangin jatan lande, a cafke a kai baki a gutsura. A wasu an ga manyan ƙugiyoyi guda biyu da suka fi sauran nesa ba kusa ba, ana kyautata zaton na maza ne.

Masu cinsu sun bar shaida ƙarara. An sami dubban ƙugiyoyi a cikin tumbin iktiyoso, wani mai rarrafe na teku mai siffar kifi. A Holzmaden kuma an haƙo wani kifin shak, *Hybodus*, cikinsa cunkushe da harsasai, har wasu masana na ganin su ne ajalinsa.

Yaya girmansu, kuma shekara nawa suke yi?

Harsashin ɗan yanki ne na tsawon jiki, don haka mai tsawon yatsa ya fito ne daga dabbar da ba ta wuce kamu ɗaya ko biyu ba. Babbarsu ita ce *Megateuthis* ta tsakiyar Jurasik a Turai, harsashinta kan zarce rabin mita, jikinta kuma an ƙiyasta ya kai mita biyu zuwa uku. Game da tsawon rai, ƙidayar zobban girma ta sa yawancin masu bincike na yanzu ke cewa shekara ɗaya zuwa biyu, daidai da kalamarin yau. Wani tsohon ƙiyasi ya ce huɗu, yana cikin amsar da ke kan zafin teku.

Shi ne gatarin aradu?

A'a, amma mai tambayar bai yi nisa ba. Manoman Ingila da Jamus sun daɗe suna cewa tsawa ce ke jefo harsashin belemnayit, saboda bayan ruwan sama mai ƙarfi ake ganinsu a gona. Ruwan ne ke wanke ƙasa ya fito da su. Har magani suka riƙa yi da shi: wasu don sanyin ƙashi, wasu a Sikotilan su jiƙa a ruwa su ba dawaki.

Gatarin aradu da muka sani a ƙasar Hausa, wanda maƙwabtanmu Yarabawa ke kira edun ara suna danganta shi da Shango, abu ne daban. Gatari ne na gaskiya, mutanen zamanin dutse suka sassaƙa suka goge. Shi ma ruwan sama ke tono shi, shi ya sa fassarar ta zo ɗaya a nahiyoyi biyu. Bambance su ba wuya: gatarin yana da faɗi da kaifi a baki, dutsensa mai tauri ne, wuƙa ba ta kama shi. Harsashin mulmulalle ne, wuƙa tana kankare shi. Batun magani kuwa, sinadarinsa ɗaya da dutsen siminti.

Ana samunsa a ƙasan Legas? A Nijeriya fa?

A Legas kada ka sa rai. Garin yana zaune ne a kan yashi da laka na kwanan nan a lissafin duwatsu, waɗanda suka taru miliyoyin shekaru bayan ƙarewar belemnayit. Yawancin rijiyoyin burtsatse a Agege ko Mile 12 ko Idi-Araba a cikin wannan yashi suke tsayawa. Duwatsun Kiretashiyos, waɗanda ake kira rukunin Abeokuta, suna can ƙasa, sai an yi ɗaruruwan mitoci, kuma bakin injin haƙa niƙe dutse yake yi kafin ya fito da shi. Dutsen siminti na Ewekoro a jihar Ogun cike yake da katantanwa da sauran halittun teku, amma na zamanin Faliyosin ne, wanda ya biyo bayan ƙarewarsu kai tsaye. Haka ma dutsen Kalambaina na Sakkwato.

Sauran ƙasar ma ba da belemnayit ta yi suna ba, kuma akwai dalili. A zamanin Jurasik, lokacin da suka fi yawa, Afirka da Amurka ta Kudu a manne suke, nan wurin tudu ne tsakiyar nahiya. Sai wajen shekara miliyan 110 zuwa 100 da suka wuce teku ta shigo kwarin Binuwai. Ba a daɗe ba belemnayit suka janye daga tekunan wurare masu zafi, suka koma arewa mai nisa da kudu mai nisa har ƙarshensu. Abin da tekunmu ta bar mana shi ne amonayit, 'yan uwansu masu naɗaɗɗen ƙoƙo. Ma'adinar Ashaka da yankin Pindiga a jihar Gombe sun shahara da su, har akwai wanda aka raɗa wa suna *Gombeoceras*. A Sakkwato an haƙo wani babban mai rarrafe na teku, *Goronyosaurus*, mai sunan Goronyo. Ɗalibin da ke son burbushin zamanin Kiretashiyos ba ya bukatar biza, motar Gombe zai nema.

A Afirka ana samun belemnayit inda tekun Jurasik da farkon Kiretashiyos ta taɓa: Madagaska, Tanzaniya, Maroko, Aljeriya.

An kawo mini wani baƙin dutse mai sheƙi da farin abu mai tsini a ciki, an ce belemnayit ne. Gaskiya ne?

Alhaji, in an goge shi yana ƙyalli, kuma kana ganin layuka sun raba farin abin ɗaki-ɗaki tun daga tsini har gindi, to kusan tabbas otoseras ne daga yankin Erfoud na Maroko. Shi ma sefalofod ne, amma ƙoƙonsa a waje yake, kuma ya girme wa belemnayit da kusan shekara miliyan 200. Ba jabu ba ne, suna ne aka sauya masa.

Harsashin gaske a toshe yake, ba ɗakuna a jikinsa sai ramin gindi. In ya karye a tsakiya za ka ga zobe cikin zobe, da siraran zaruruwa da suka taso daga cibiya zuwa baki. Wannan ita ce alamar da ba ta ruɗi. Ɗiga masa ruwan lemon tsami a inda ka kankare, zai yi 'yar kumfa. Wasu kuma suna da tsagi a tsaye ta gefen ciki, wanda masana ke dubawa wajen tantance iri.

Yana da tsada?

Ba shi da ita. A gaɓar tekun Dorset da Yorkshire na Ingila yara ma tsintarsa suke yi. Wanda ya fita daban shi ne na Coober Pedy a Ostireliya, inda ofal ya maye gurbin kalsayit, harsashin ya koma dutsen ado mai launuka. Wannan kuɗin ofal ake biya. Duk wanda ya zuga maka farashin na gama-gari da sunan "ya shekara miliyan ɗari", ka tuna tsakuwar da ake zuba wa kankare a Legas ta fi shi tsufa sau da yawa.

Me ya kashe su?

Ƙarshensu ya zo tare da na amonayit da dainoso, lokacin da wani dutse mai faɗin kusan kilomita 10 ya faɗo a Chicxulub, yankin Yukatan na Meziko. Ƙura da hayaƙi sun tare rana, ƙananan halittun da ke yawo a saman teku suka ragu ƙwarai, kuma 'ya'yan belemnayit ƙanana ne da ake ganin da waɗannan suka dogara. A daidai wannan zamani aman wutar Dekan a Indiya na ta zuba. Sai dai bugun ya same su ne sun riga sun yi rauni: kamar yadda aka faɗa a amsar Nijeriya, iyalai kaɗan ne suka rage, a yankuna biyu kawai.

Wane amfani masanin duwatsu ke yi da shi a fili?

Na farko, jera shimfiɗu. Irin belemnayit yana sauyawa da sauri, kuma kowane iri ya bazu a wuri mai faɗi, don haka in ka ga iri ɗaya a dutsen Jamus da na Poland da na Rasha, zamaninsu ɗaya. A farin allin arewacin Turai da *Gonioteuthis* da *Belemnitella* da *Belemnella* ake rarraba ƙarshen Kiretashiyos, kuma an daɗe ana ɗaukar bayyanar *Belemnella lanceolata* a matsayin farkon zangon Mastirishiyan, wajen shekara miliyan 72. Na biyu, in harsasai da yawa suka kwanta suna fuskantar gefe ɗaya, sun nuna inda igiyar ruwa ta dosa. Akwai ma shimfiɗun da suka taru dubbai a wuri guda, wasu saboda mutuwar taro bayan zuba ƙwai, wasu saboda ruwa ya kwashe laka ya bar masu nauyi.

Da gaske ne ana sanin zafin tekun da a jikin harsashin?

Da gaske ne, kuma nan ne darajarsa take. Iskar oksijin tana da nau'i mai sauƙi, 16, da mai nauyi, 18. In dabba tana gina kalsayit a ruwa mai sanyi, tana shigar da mai nauyin fiye da yadda za ta yi a ruwa mai ɗumi. Harold Urey na Jami'ar Chicago, wanda ya karɓi kyautar Nobel a 1934, shi ya kawo wannan tunani a 1947. A 1951 shi da abokan aikinsa suka fitar da sakamakon wani harsashi na Jurasik daga tsibirin Skye a Sikotilan. Sun bi shi zobe-zobe daga ciki zuwa waje, suka karanta lokacin zafi uku da hunturu huɗu, da bambancin kusan digiri 6, suka ce dabbar ta yi wajen shekara huɗu.

Masu binciken yau sun fi taka-tsantsan. Dabba ce mai iyo, tana iya sauka zurfi ko ta yi ƙaura, don haka sauyin da aka gani ba lalle sauyin yanayi ba ne. An kuma gano harsashin yana da 'yan ƙofofi tun dabbar na raye, waɗanda wani kalsayit ya cike daga baya. Shi ya sa kafin a yarda da samfuri sai an auna ƙarfe da manganis a cikinsa, in sun yi yawa a ajiye shi gefe. Duk da haka, kaso mai yawa na abin da aka sani game da zafin tekun Jurasik da sauyin sinadarin sitirontiyom a cikinta daga harsasan nan aka samo shi.

Na ga "PDB" a takardar gwajin ɗanyen mai. Me ya haɗa shi da belemnayit?

Harafin B ɗin belemnayit ne. PD kuma Pee Dee, wata shimfiɗar Kiretashiyos a jihar South Carolina ta Amurka, inda mutanen Urey suka samo *Belemnitella americana* suka niƙa suka mai da ita ma'auni. Gwajin nau'in kabon 13 da 12 kwatance ne, dole a sami abin da za a kira sifili, wannan niƙaƙƙen harsashin ne ya zama sifilin. Asalin niƙaƙƙen harsashin ya ƙare tuntuni, sai hukumar makamashin nukiliya ta duniya da ke Vienna ta tsayar da madadinsa a kan ma'auni ɗaya, shi ne VPDB da ake rubutawa yanzu.

Ma'aikatan mai da ke Victoria Island da Lekki suna karanta waɗannan lambobi don haɗa ɗanyen mai da dutsen da ya haife shi, da kuma bambance iskar gas. Wadda ƙwayoyin halitta suka samar a kusa da sama takan sauka ƙasa da -60 cikin dubu, wadda zafin zurfi ya dafa takan tsaya sama da -50.

Masu sayar da zuma ma abin ya shafe su. Rake da masara da dawa da gero suna kama kabon ta hanyar da ke ba da wajen -12, yawancin itatuwa da furannin da ƙudan zuma ke bi kuwa wajen -25. In an haɗa zuma da sukarin rake, lambar za ta karkata, kuma da wannan gwaji masu sayen zuma a ƙasashen waje ke kama algus. Gwajin yana da makanta guda: ruwan zaƙin da aka yi da shinkafa ko rogo lambarsa kusa take da ta zumar, sai an nemo shi ta wata hanya.

Na tsinci abin da nake zaton shi ne. Yaya zan yi?

Kafin komai rubuta inda ka same shi da zurfin wurin, ko kuma wanda ya kawo shi daga wace ƙasa, domin burbushin da ba a san asalinsa ba rabin amfaninsa ya tafi. Kada ka goge shi da mai ko fenti. Ka gwada alamomin da aka lissafa a amsar otoseras, sannan ka kai shi sashen ilimin duwatsu na Jami'ar Legas a Akoka, ko ofishin hukumar binciken ma'adinai ta ƙasa. In daga laka ta rijiya ya fito, haɗa da ɗan dunƙulen lakar a leda daban, domin ƙananan halittun da ke cikinta, waɗanda sai da madubin ƙara girma ake gani, su ne za su faɗi zamanin shimfiɗar.